Filin Tambayi Kafinta: Ƙofar kabad ta karkace, tana gogar 'yar uwarta, ko ta ƙi rufuwa

Jama'a assalamu alaikum. Saƙonnin da suka taru wannan karon da yawansu maganar ƙofar kabad ce da ta wadirob, shiyasa na haɗa su wuri ɗaya, masu tambaya akan fenti da gara ku ƙara haƙuri sai fitowa ta gaba in Allah ya kaimu.

TAMBAYA: Salam Malam kafinta, dan Allah ina da matsala da kabad ɗin kicin ɗina, lokacin biki aka kafa min shi ko shekara bai yi ba, yanzu ƙofofi biyun da ke ƙarƙashin gas in na rufe sai ɗaya ta hau kan ɗaya, sai na ɗan ɗaga ta hannun dama kafin ta zauna, kuma in ka tsaya daga bakin ƙofa zaka ga ɗaya ta fi ɗaya sauka. Wanda yayi aikin na kira shi kullum yau gobe yau gobe, wani kuma da maigida ya kawo yace wai sai an canza ƙofofin gaba ɗaya. Gaskiya abin na ɓata min rai ko baƙi nayi bana son su leƙa kicin ɗin. Daga wata amarya a Hotoro, Kano.

AMSA: Wa alaikis salam amarya, Allah ya ƙara zaman lafiya. Kar ki yarda a cire miki ƙofa, wallahi abin da kika kwatanta ɗin nan ƙofar lafiyarta ƙalau, hinjin ne, wato ƙarfen da ke maƙale ƙofa da jikin kabad, ke son saiti kuma da kanki zaki iya kafin shinkafarki ta dahu. Yana ci min rai yadda ake karɓe wa mata kuɗi akan aikin da sukundireba ɗaya ke gamawa.

Buɗe ƙofar ki tsuguna ki haska da fitilar waya. In hinjin irin wanda ba a gani daga waje ne, kansa zagayayye ya nutse cikin wani rami a bayan ƙofar, sannan hannunsa ya miƙe ya kwanta a jikin bangon kabad ɗin ta ciki akan wani ɗan farantin ƙarfe, toh shine muke magana akai, kuma kusan duk kabad ɗin da ake yi yanzu shi ake sawa. Ramin nan faɗinsa milimita 35 ne a mafi yawansu. Daga Turai tsarin ya fito, manyan masu yinsa su ne irin Blum na ƙasar Ostiriya wanda Julius Blum ya kafa a 1952, da Hettich na Jamus da Salice na Italiya, na kasuwanninmu kuma yawanci daga Chaina ake kawowa amma duk zubi ɗaya suka bi. Abin da ya sa ya kori tsohon hinjin nan mai fiffike biyu daga kicin shine shi ana iya matsar da ƙofa bayan an gama kafawa, sama ko ƙasa, hagu ko dama, ciki ko waje, kowanne wajen milimita 2 zuwa kowane ɓangare. Zaki ga kamar kaɗan ne amma a ƙofar kabad milimita 2 ita ce tsakanin aiki mai kyau da aikin da ido ke ƙi.

Ki nemi sukundireba mai kan sita, kuma ki duba kan sukurun da kyau, in bayan kuros ɗin akwai wasu ƙananan zane guda huɗu a tsakani to Pozidriv ne, wanda ya dace da shi ana rubuta PZ2 a jikinsa, in kika sa sita na gama-gari zai riƙa zamewa har ya cinye kan sukurun daga nan kuma aiki ya zama biyu. Wuƙar kicin da bakin cokali dan Allah a'a. Injin huda ma ko maigida yana da shi a ajiye shi, da hannu ake wannan aikin.

Kafin ki taɓa saiti fara da ɗaure waɗanda ke riƙe da hinjin, biyu a jikin ƙofa gefe da gefen ramin, biyu a jikin farantin da ke bango. Ki ɗaure su daidai hannu ba da ƙarfin tsiya ba. Sau da yawa nan kaɗai matsalar take, ana buɗewa ana rufewa kullum sukuru ya saki ƙofa ta sunkuya, kina ɗaurewa zaki ga ta miƙe.

In bata miƙe ba sai mu zo ga saitin. A kan hannun hinjin akwai sukuru biyu a jere, wani lokacin akwai ɗan murfi mai sunan kamfani da ya rufe su sai ki ɓalle shi da farce. Na gaba, wanda ya fi kusa da ƙofar, shine na hagu da dama, kuma shine maganin hawan da ƙofofinki ke yi kan juna. Na baya can ciki shine na ciki da waje. Na sama da ƙasa kuma ba a kan hannun yake ba, a jikin farantin yake, zaki ga ramukan da sukurun farantin suka shiga dogaye ne ba zagayayyu ba, an yi su haka ne don faranti ya iya zamewa.

Ni da tsawo nake farawa. Tunda ta daman ta sauka, ki sassauta sukurun farantin sama da na ƙasa duka, sassautawa kawai ba cirewa ba, wani ya tallafe miki ƙofar ko ki sa littafi a ƙarƙashinta, ki ɗaga har samanta ya yi daidai da na 'yar uwarta sannan ki ɗaure. In kika sassauta hinji ɗaya kika bar ɗaya ba inda zata motsa sai wahala. Masu tsadar ba sai an sassauta komai ba, akwai sukuru ɗaya a tsakiyar farantin kina juya shi ƙofar na hawa ko sauka da kanta.

Amma ki lura da wani abu, akwai bambanci tsakanin ƙofar da ta sauka gaba ɗayanta da wadda ta karkace. Ki rufe duka biyun ki kalli tsagar da ke tsakaninsu daga sama har ƙasa. In tsagar ta matse a sama har suna gogar juna amma a ƙasa ta buɗe, toh ƙofar sunkuyawa tayi ta wajen mariƙi, kuma tunda kika ce sai kin ɗaga take zama ina kyautata zaton ita ce taki. Wannan ba ɗagawa take so ba, sukurun gaba na hinjin sama zaki juya ya janye saman ƙofar ya mai da shi wajen bangon da hinjin yake, in bai isa ba ki je hinjin ƙasa ki juya nasa akasin haka ya turo ƙasan ƙofar wajen tsakiya. Kar ki haddace cewa dama ne ko hagu don kamfanoni sun bambanta, wani in kin juya dama ƙofa ta matso wani ta janye, kawai ki juya rabin zagaye ki rufe ƙofar ki kalla, in ta tafi inda ba kya so ki koma baya. Kamar sa gishiri a miya ne, kaɗan kaɗan kina ɗanɗanawa. Masu juya zagaye uku huɗu lokaci ɗaya su ne ke ƙarewa da sukuru a hannu ƙofa a ƙasa.

Tsagar da muke nema tsakanin ƙofa da ƙofa milimita 2 zuwa 3 ce, in baki da abin awo ki haɗa katin ATM guda uku ki zura, in sun shiga daidai a sama da tsakiya da ƙasa kin gama. Kuma ki raba gyaran tsakanin ƙofofin biyu, kar ki ƙure saitin ɗaya ki bar ɗayar yadda take, in ba haka ba tsakiya zai yi kyau amma gefe zai tona asiri.

Na ƙarshen shine na baya. Ki tsaya a gefen kabad ɗin ki kalli ƙofar a rufe, ya kamata a ga 'yar tazara siririya kamar milimita 1 zuwa 2 tsakanin bayan ƙofar da fuskar kabad ta wajen hinji. In ta manne sosai gefen zai riƙa tokarewa, kina rufewa tana dawowa ta tsaya a ɗan buɗe, kyankyaso ya samu hanya. In kuma ta yi waje da yawa zaki ga rami. A masu araha wannan sukurun ɗauri ne kawai, ki sassauta shi ki ja ƙofar waje ko ki tura ta ciki da hannu sannan ki ɗaure tamau, don in ya zauna a sake wata rana ƙofar zata zare ta faɗo miki a ƙafa.

Sai roƙona gare ki, a daina rataye jakar albasa da buhun leda a mariƙi, kuma in Allah ya kawo yara kar a bari suna lilo da ƙofa ko su taka ta su hau kanta.

TAMBAYA: Oga barka da aiki. Ni tawa ta wuce saiti, hinjin sama ya tumɓuke daga jikin kabad har da ɓarɓashin katako, na mai da sukurun sai juyawa yake kawai baya kamawa, na sa super glue ya yi kwana biyu ya sake fita. Wani yace in buga ƙusa inci biyu. Ya zanyi? Daga wani magidanci a Tudun Wada, Kaduna.

AMSA: Ɗan uwa kar ka buga ƙusa, zata fasa allon ta ɓullo ta waje ka rasa duka. Kabad ɗinka ba katakon itace bane, MDF ne ko allon ɓarɓashin katako da aka matse da gam, irin waɗannan sukuru sau ɗaya yake yanka wa kansa hanya mai kyau a ciki, in hanyar ta rugurguje babu abin da zai kama. Super glue kuma in ya bushe ƙanƙara yake zama, ƙofa na girgiza yana tsagewa.

In ramin bai yi faɗi ba, ka kakkaɓe garin ciki, ka samo tsinken sakace ko ashana ka karye kawunan, ka tsoma su a farin gam na kafintoci irin Top Bond ka cusa har ramin ya cika tam, ka yanke abin da ya fito ya yi daidai da fuskar allon, sannan ka barshi ya kwana. Wannan kwanan shine mutane basa iya haƙurinsa. Washegari ka ɗan huda tsakiya da siririyar ƙusa ka ɗaura sukurun da hannu, yana tsayawa ka tsaya. Kuma kar kace bari in sa dogon sukuru ya fi kamawa, allon kabad kaurinsa milimita 16 ne ko 18, sukurun hinji kuma wajen 16, in ka ƙara tsawo tsininsa zai leƙo ta ɗaya fuskar allon.

Amma tunda kace har ɓarɓashi ya fito, taka ta fi ƙarfin tsinke. Akwai farantin gyara na ƙarfe da ake sayarwa musamman don wannan, mai ramuka da yawa, ana ɗaura shi ya rufe wurin da ya lalace sukurunsa su kama lafiyayyen allo a gefe, sai hinjin ya zauna a kansa. Ka tambaya wajen masu kayan kafintoci, ka tafi da hoton wurin a wayarka. In baka samu ba sai kafinta ya matsar da hinjin ƙasa kamar santimita 5 ko 6 ya buɗe sabon rami a bayan ƙofar, wannan kam aikinsa ne don yana buƙatar bakin huda na milimita 35 kuma zurfin bai wuce 12 zuwa 13 ba, in hannu ya zarce an huda fuskar ƙofar. Kafin duk wannan ka cire ƙofar ka jingine ta, barinta rataye da hinji ɗaya shi zai tumɓuke na ƙasan ma.

Abu ɗaya da ba ya gyaruwa, in wurin ya sha ruwa ya kumbura ya yi laushi kana danna shi da yatsa yana lotsawa, wannan bangon sai canji, kuma in ƙarƙashin wurin wanke-wanke ne a fara gyara yoyon famfon, sabon kuma a sa marin bod, allon nan mai jure ruwa, ko filawud mai kyau.

TAMBAYA: Malam ina wuni. Mun tashi daga wani gida zuwa wani, wadirob ɗina mai ƙofa huɗu da madubi lafiya lau yake a tsohon gidan, tunda aka haɗa shi a sabon ɗakin ƙofofin suka zama kamar matakala kowacce da nata tsawon, ƙanina ya juya sukuru har ya gaji. Ko masu ɗaukar kaya ne suka lalata min hinjin? Daga maman yara a Gombe.

AMSA: Lafiya lau Hajiya, Allah ya sa an shiga a sa'a. Ki ce wa ƙanin naki ya huta, ba hinji bane. In ƙofa ɗaya ce ta karkace a zargi hinji, amma in duka suka karkace gefe ɗaya kamar matakala toh akwatin wadirob ɗin ne ya murɗe, ko dai ƙasan ɗakin ba daidai yake ba ƙafa ɗaya tana lilo, ko kuma masu haɗawa basu buga allon baya da kyau ba. Mutane na raina siririn allon bayan nan amma shine ke riƙe wadirob ya tsaya a miƙe, in an buga masa ƙusa huɗu kawai an tafi dole ya jirkice.

A buɗe ƙofofin a ɗauki tef a auna daga kusurwar sama ta hagu zuwa ta ƙasa ta dama, sannan daga ta sama ta dama zuwa ta ƙasa ta hagu. In awon biyu bai zo ɗaya ba kin ga shaida. Sai a kwashe kayan ciki, mutum ɗaya ya ɗan ɗaga kusurwar gaba ɗaya yana kallon ƙofofin, in matakalar ta ƙaru a sauke a ɗaga ɗaya kusurwar, wadda aka ɗaga ƙofofi suka jeru ita za a cusa wa guntun filawud ko fasasshen tayil a ƙasa. Kwali kar a sa, yana lotsewa. Bayan nan ne za a koma kan hinji a warware abin da ƙaninki ya juya, a mai da kowane sukuru tsakiyar tafiyarsa a fara daga nan.

Ki kuma ƙirga min hinjin da ke kowace ƙofa. Ƙofar da bata wuce santimita 90 ba biyu sun ishe ta, zuwa 160 uku, wadda ta kai mita 2 huɗu take so, balle mai madubi da nauyinta. Wasu 'yan uwanmu kafintoci suna sa biyu ko uku a doguwar ƙofa don rage kuɗi, ranar kafi komai tsaf bayan wata shida ta fara sunkuyo, wannan ba daidai bane kuma iyaye masu sayen kayan ɗaki ya kamata su riƙa buɗewa suna ƙirgawa kafin su biya. In ana saita ƙofa mai hinji uku ko huɗu da na sama da na ƙasa ake aiki, na tsakiya a bi da su daga baya don kar su riƙa ja da sauran. Tunda akwai yara a gidan a ɗaure saman wadirob ɗin da bango da ɗan ƙarfe mai kusurwa, dogon wadirob in an buɗe ƙofofi masu madubi duka yaro ya ja yana iya kifowa.

TAMBAYA: Kabad ɗina na katako ne na gaske tun na mahaifiyata, da damina ƙofar sai ta cije sai da ƙarfi, da hunturu kuma har tsaga ake gani. In sa a fere ta? Daga wata baiwar Allah a Maraɗi.

AMSA: 'Yar uwa kar a fere yanzu. Itace yana shan danshin iska ya kumbura a watan Agusta, iskar hunturu ta busar da shi ya tsuke a Janairu, in aka fere shi yana kumbure tsagar da zaki gani da rani sai ta ninka. In hinjinsa mai saiti ne ki buɗa tsagar kaɗan da damina ki mayar da rani. In tsohon mai fiffike ne a ɗaure sukurunsa, a goga kyandir a inda yake cijewa, in har lokacin yana kamawa a ɗan bi wurin kaɗai da samfefa, sannan a shafa fenti ko banish a gefunan ƙofar har da sama da ƙasa da ba a gani don ta nan danshi ya fi shiga.

TAMBAYA: Malam nawa hinjin mai rufe kansa a hankali ne wanda ake cewa haidrolik, yanzu ɗaya ya daina sai dai ƙofar ta bugu garam, na sayo sabo na sa kuma ƙofar ta ƙi zama a wurinta ta bar rami babba a gefe. Daga wani ɗalibi a Zariya.

AMSA: Ƙanina na farkon ya mutu kam, akwai ɗan bututu mai mai a cikinsa shi ke tare ƙofar, in man ya tsiyaye ba a gyarawa. Sabon kuma ba irinsa ka sayo ba. Kala uku ne kuma a hannun ake ganewa, mai miƙaƙƙen hannu na ƙofar da ke rufe kaurin bangon kabad gaba ɗaya ne, mai ɗan lanƙwasa na inda ƙofa biyu suka raba bango ɗaya a tsakiya ne, mai lanƙwasa sosai kuma na ƙofar da ke shigewa cikin akwatin ne ta yi daidai da fuskarsa. Saiti ba zai cike wannan bambancin ba ko ka juya har gobe. Ka cire tsohon har da farantinsa ka tafi da su shagon a hannu ka ɗora kusa da sabo ka gani, ka kuma duba buɗewarsa, na yau da kullum digiri 110 ne, na kabad ɗin kusurwa akwai mai 165. Ka sayi biyu ka canza duka na ƙofar lokaci ɗaya, don in sabo da tsoho suka haɗu sabon ne ke tare ƙofar shi kaɗai. In kuma wurin kusa da ruwa ne ka ƙara kuɗi ka ɗauki wanda baya tsatsa.

Mai tambaya akan ƙarar ƙiii da ƙofarta ke yi, ɗigo ɗaya na man keken ɗinki a gaɓoɓin hinjin ya isa, ki buɗe ki rufe sau da yawa ki goge sauran da tsumma. Man gyaɗa da manja kar ki sa, suna daskarewa su kama ƙura su kira tururuwa.